Gudumar da Na Buga a Lozells

Ranar Talata ce cikin watan Nuwamba, kwananmu tara da tarewa a Lozells. A irin wannan lokaci rana ba ta daɗewa a Birmingham, ƙarfe huɗu da 'yan mintoci magariba ta yi. Na ɗora shinkafa, na dawo falo na tsaya ina kallon bangon da babu komai a jikinsa, sai na ce bari in rataye agogo. Na duba gidan kaf, babu abin buga ƙusa. Shi ne na jawo akwatin marigayi daga ƙarƙashin gado.

Sunusi sunansa, amma ni Baban Zinatu nake ce masa har ya koma ga Allah. Karatun injiniya ne ya kawo shi Salford da ke Manchester, ni kuma aure ya kawo ni, da sakandaren da ban ƙarasa ba. Sai dai shi ɗan gidan maƙeran fari ne a Kano, masu aikin azurfa da zinariya, kuma bai yar da gado ba. Ranar Asabar yakan ɗauki akwatin nan ya hau jirgin ƙasa zuwa duk garin da matanmu suka tara 'yan kunnen da suka karye da zobban da suka matse yatsa. Yana da wata al'ada da nake yi masa dariya a kanta. Duk garin da ya sauka, ba ya buɗe akwatin sai ya nemi shagon wani maƙerin garin, ko Bature ne ko Ba'indiye, ya shiga ya gaishe shi, ya ce shi baƙo ne ya zo ɗan aiki. Na taɓa tambayarsa dalili, ya ce haka mahaifinsa ya koya masa, baƙo ba ya buga guduma a garin mutane sai ya yi sallama. Ni na ɗauka ladabi ne kawai.

Zuciyarsa ce ta tsaya a cikin tram, jirgin ƙasan nan na cikin gari, yana dawowa daga aiki, babu nasa ko ɗaya a kusa. Bayan an yi arba'in wasiƙu suka fara zuwa. Shekarun nan ne da gwamnati ke ta yanke komai, aka ce gidan gwamnatin da muke haya ya yi mana yawa mu biyu, ɗakin da yake aiki a ciki ya zama ɗakin banza a wurinsu. Na yi zaryar ofishin council, wato ƙaramar hukuma, har na gaji. Duk wanda na samu sai ya ce ba teburinsa ba ne. A ƙarshe yayana Rabi'u, da yake akanta ne a Aston, nan cikin Birmingham, ya samo mana wannan ɗan gida, muka baro Manchester.

Na buɗe akwatin. Warin Baban Zinatu ya taso, warin ƙarfe da toka da ɗan turaren da yake shafawa. Komai na kwance yadda ya bari: ƙaramar uwar maƙera, awartaki, magagari iri-iri, da gudumar da ƙotarta ta yi santsi daidai wurin da babban yatsansa ke zama. Na ɗauke ta, na dafa ƙusa a bango, na buga sau uku.

Ƙarar ba ta mutu da wuri ba. Ta yi ta zagaya falon kamar an daki ƙwaryar tagulla, ta bi bango ta sauka ƙasa, har na ji ta a tafin ƙafata. Daga nan gidan ya yi tsit. Motocin titi ma na daina jin su. Ina tsaye da guduma a hannu, sai wani abu ya daki ƙofar baya.

Zinatu ta leƙo daga saman bene, shekarunta goma sha biyar, da Turancinta na 'yan Manchester ta ce, “Mum, mene ne wannan?” Hausarta ba ta wuce gaisuwa da sunayen abinci ba, laifinmu ne mu iyayenta.

Na buɗe ƙofar. Tsakar gidan ɗan mitsitsi ne, katanga ta kewaye shi, babu kowa. A bakin ƙofa ga wani baƙin dutse mai ramuka, irin wanda ake kira kashin maƙera. Na sa hannu zan ɗauka, na yar da shi da sauri. Zafi ne da shi kamar yanzu aka fiddo shi daga wuta.

Washegari da magariba duwatsu bakwai suka sauka. A rana ta uku ban iya ƙirgawa ba. Rana na faɗuwa za a fara, a kan rufi, a jikin taga, sai an kira isha sannan a tsaya, kamar ma'aikatan da suka tashi daga aiki. Na kira 'yan sanda, suka ba ni wata lamba na rubuta a bayan ambulan, suka ce ba su da isassun mutanen da za su turo. Na kira Yaya Rabi'u, ya ce, “Murja, yaran unguwa ne. Ke dai kin cika sa abu a rai.”

A magariba ta huɗu na shiga kicin na tarar da Zinatu tsugune a bayan ƙofa. Hannayenta biyu suna hawa suna sauka, wannan ya danna wancan ya ɗaga, yadda masu zuga wuta suke yi a maƙera. Yarinyar da ba ta taɓa ganin zugazugi ba. Zufa na tsiyaya daga goshinta, alhali sanyi har cikin ƙashi. Na kira sunanta. Ba ta ɗago ba. Da wata murya ta tsoho, da Hausar da ko kakata ba ta kai ta tsufa ba, ta ce, “Matar maigida, saka sakata. Sun iso.”

Kwana goma sha ɗaya muka yi a haka. Da safe tana kwance kamar wanki, ba ta tuna komai. Da magariba ta tsuguna ta yi ta zuga iska. Abinci sai na yi da gaske take cin cokali biyu, wuyan hannunta ya koma kamar sillen kara. Na kai ta wurin GP, likitan unguwa, ya ba mu minti goma, ya ce rashin uba ne, ya sa sunanta a layin masu jiran likitan ƙwaƙwalwa. Na ce yaushe? Ya ce watakila wata biyar. Na ce wata biyar ai babu abin da zai rage a jikinta. Ya ce ya fahimta. Kowa a ƙasar nan ya fahimta, babu mai taɓuka komai.

Yaya Rabi'u ya zo ranar Asabar don ya nuna min yaran unguwa. Yana zaune a falo, ƙofa da taga duk a rufe, dutse ya faɗo daga silin cikin kofin shayinsa, shayin ya tafasa ya yi kumfa. Ya ajiye kofin ya tafi. Washegari bayan la'asar ya dawo da Malam Jumare.

Ni na zaci zan ga dattijo mai farin gemu. Sai ga mutum siriri da jakar goyo da rigar sanyi, wai bincike yake yi a kan magunguna a jami'a, amma mahaddaci ne, kuma gidansu gidan malamai ne tun kakanni. Ya ce in sa wa yarinyar hijabi, in zauna in riƙe ta. Ya yi alwala, ya zauna a gefen tabarma, ya fara karatu a hankali, muryarsa ba ta da ƙarfi. Hasken taga yana ja da baya. Dutse na farko ya sauka a rufi, Malam bai ko ɗaga kai ba. Jikin Zinatu ya fara zafi a hannuna, ya yi ta ƙaruwa har na ji kamar na rungumi tukunya. Can ta saki wani nishi mai tsawo.

“Ya isa, ɗan malam. Ya isa. Ba kurma ba ne ni.”

“Wane ne kai?”

“Ɗan Toka ake ce min. Ni ne mai zuga wa gidan su Sunusi tun kakan kakansa. Duk azurfar da ta narke a hannunsu, numfashina na ciki.”

“Musulmi ne kai?”

“Na riga ka da shekara ɗari uku.”

“To ka ji kunya. Musulmi ya shiga jikin marainiya ya hana ta ci?”

Muryar ta yi ƙasa. “Ba mugunta ta kawo ni ba, gudun jifa ne. Ba a jifan jinin maƙeri, haka yarjejeniya ta ce. Jikinta ne kaɗai inuwar da ta rage min a garin nan.”

Malam ya ce wace yarjejeniya. Abin ya gyara zama da jikin 'yata, ya harɗe ƙafa irin na tsofaffi, ya shiga bayani kamar wanda ya daɗe yana neman mai sauraro. Wai su ma aljanu suna da sarakunan sana'a, na maƙera da na marina da na majema da na masaƙa. Wai a zamanin da, matafiyansu kan shiga garin da ba nasu ba su kwashe aiki, har aka yi yaƙin da ya ƙone kasuwanni bakwai. Shi ne sarakunan suka taru a wata kasuwa da ke ci a ƙarƙashin teku, suka ƙulla alkawari. Matafiyi ba shi da wurin zama sai a ƙarƙashin sunan maigidansa ɗan Adam. In maigidan ya shiga gari ya gai da maƙerin garin, gaisuwar ta isar musu su biyun. In ya mutu, matafiyin ya kwanta cikin kayan aiki ya yi shiru, kada a ji ƙarar ƙarfensa ko sau ɗaya.

“Ni kuwa na yi shiru. Wata goma ina kwance ina makokin maigidana. Sai wannan baiwar Allah ta ɗauko ni ta kawo ni garin da ya fi ko'ina tsofaffin maƙera, ta buga guduma har sau uku, babu ko sallama. A wurin aljanun maƙeran garin, ni na buga. Kuma kin san halin da suke ciki? Masana'antun garin sun rufe ɗaya bayan ɗaya, wutarsu ta mutu, suna zaune a gefen magudanan ruwa babu aikin yi. Mai jin yunwa ya ga baƙo da guduma, me kike tsammani?”

Ban san lokacin da bakina ya buɗe ba. Na ce, “Agogo na rataye! Ƙusa ɗaya! Wa ya gaya min? Wa ya taɓa gaya min komai?”

“Rashin sani ba ya cikin abin da aka yafe.”

Wallahi da ba jikin 'yata ba ne da na kwaɗa masa mari. Maganar nan na sha jin ta a bayan gilashin ofis, ban zaci zan ji ta a falona daga bakin aljani ba.

Malam ya ɗaga min hannu. Ya ce, “To ka koma Manchester.”

“An ba wani gurbina tun ranar da na fita.”

“Ka koma Kano.”

“Matafiyi ba ya komawa gida sai maigida ya sallame shi.”

“Maigidanka ya rasu. Ga magajiyarsa, ta sallame ka.”

“Magaji ba ya sallama sai ya zama maƙeri. In ta hura wuta ta narka azurfa da hannunta, ta zama uwar ɗakina.” Ya yi 'yar dariya da bakin Zinatu. “In kuwa ta zama, me zai sa ta sallame ni? Ku ba ni ita. Hannun ubanta gare ta, na duba. In koya mata aikin da babu mai irinsa a ƙasar nan, ta je ta gai da maƙerin gari, jifa ya ƙare.”

Na ƙanƙame ta na ce, “Ba ka isa ba.”

“To a biya tara. Sarkin Maƙeran nan zai karɓi jan zakara, a yanka a bakin ruwa da sunansa.”

Nan ne na ga fushin Malam Jumare. Bai yi tsawa ba, karatu ya koma, da ƙarfi wannan karon. Zinatu ta yi ta murɗewa, abin yana ihu yana cewa ya tuba, ya janye, ai shi saƙo ya isar. Duwatsu suna zuba a rufi kamar ƙanƙara. Yaya Rabi'u na rakuɓe a lungu yana ta salati.

Da Malam ya tsaya ya ce, “Jini ba zai zuba don waninsa Allah ba a gidan nan. Amsa min wannan. Me ya ɗaure ka, mutum ko kaya?”

“Kaya.”

“In kayan suka zama na maƙerin garin nan fa?”

Idanun Zinatu suna motsi a rufe, kamar mai bin layin rubutu. Jifan ma ya tsaya, sai na gane su ma na wajen saurare suke yi.

“Akwai wannan,” ya ce a hankali. “An daɗe ba a yi aiki da shi ba. Kayan da aka bayar kyauta ga maƙeri mazaunin gari sun zama kayan gari. Laifinsu ya mutu, matafiyin da ke ciki ya kama gabansa. Amma kyauta, ba ciniki ba. Kuma duka. Cikin kwana uku.”

Na ce, “Duka?”

“Duka.”

“Gudumar kaɗai zan riƙe. Ba zan ƙara bugawa ba har abada.”

“Ko ƙwayar magagari ta kwana a gidan nan, ba a yi komai ba.”

Malam ya juyo ya dube ni. Ya ce, “Maman Zinatu, kyauta ga ɗan Adam halal ce, babu shirka a ciki. In kin ƙi, zan ci gaba da karatu, kuma da ikon Allah zai fita ko yana so ko ba ya so. Sai dai zai iya ɗaukar makonni, kuma kin ga jikinta.”

Na ga jikinta. Ƙasusuwan kafaɗarta suna sukar ƙirjina. Rigunansa na riga na rabar, littattafansa na bar su a Salford don babu wurin sa su, kabarinsa ma yana can sai na hau jirgi. Akwatin nan ne kaɗai in na buɗe nake jin kamar ya fita ne zai dawo. Na ce na yarda.

Sai na yi abin da bai kamata ba. Na ce, “Kai da kake tare da shi kullum, a cikin tram ɗin nan, ya sha wuya? Ya ambace mu?”

Malam ya ce, “A'a, Maman Zinatu, ba a tambayarsu irin wannan.”

Abin ya ce, “Ko an tambaya ba zan faɗa ba. Bara ba ya fitar da maganar maigida, a raye ko a mace. Yana cikin yarjejeniya.” Sai ya ƙara da cewa, “Mutumin kirki ne. Wannan kam ba sirri ba ne.”

Malam ya sa shi ya yi rantsuwa, ya ce ya fita ya koma cikin akwati ya jira. Zinatu ta yi atishawa sau uku, jikinta ya saki, ya huce a hannuna. Ta buɗe ido ta ce da Turanci yunwa take ji. Na zuba mata tuwo ta cinye, ta nemi ƙari.

Na zaci bayar da kyauta abu ne mai sauƙi. Litinin na ɗauki akwatin a bas zuwa unguwar masu aikin zinariya. Shagon farko suka ce ba sa karɓar kayan da ba su san asalinsu ba. Na biyu suka ce inji suke aiki da shi yanzu, in gwada gidan tarihi. Wani ya ce zai saya, na ce ba na sayarwa ba ne, ya dube ni kamar ɓarauniya. Talata ma haka, ruwan sama yana dukana, hannuna ya yi kanta. Da na dawo gida da magariba babu jifa, amma a kan katangar baya na ga baƙaƙen duwatsu an jera su reras, suna hayaƙi a cikin yayyafi.

Laraba da azahar wata mai shara ta nuna min wani tsohon bene, ta ce akwai dattijo a sama da har yanzu da hannu yake aiki. Tomas sunansa. Ɗakinsa bai fi kicin ɗina ba. Na buɗe akwatin a kan teburinsa, na haɗa Turancin da nake da shi na ce na mijina ne, ya mutu, kyauta ce. Ya goge hannunsa a riga kafin ya taɓa komai. Ya ɗauki kowane ƙarfe ya juya shi a gaban fitila. Ya ce mai waɗannan ya san aiki. Ya jawo aljihun tebur zai ba ni wani abu, na ce a'a da ƙarfin da har ya tsorata. Ya tambaye ni ko na tabbata. Na ce ya ce ya karɓa kawai. Ya ce ya karɓa. Wutar da ke kan teburinsa ta kwanta gefe ɗaya kamar an buɗe ƙofa, ta miƙe. Na sauko benen hannuna babu komai.

Da na isa gida duwatsun kan katanga sun tafi. Zinatu ta dawo daga makaranta, ranarta ta farko tun da ta warke, ta hau sama. Na ji tana jan abu a ƙarƙashin gadona. Ashe tun a Salford takan buɗe akwatin in ba na nan, ban sani ba. Ta sauko fuskarta ta canza.

“Mum, ina kayan Baba?”

Na gaya mata. Na gaya mata duka, da zugar, da muryar, da yarjejeniyar. Ba ta tuna ko ɗaya ba. Ta ce na haukace. Ta ce ita rashin lafiya ta yi, ni kuma na bar wani mai jakar goyo ya tsorata ni na kwashe gadonta na ba baƙo. Ta ce da ni ce na mutu, Baba ba zai taɓa bayar da ko ɗankwalina ba. Ta hau sama ta bugo ƙofa har ƙura ta zubo daga silin.

Yau wata uku ke nan. Ta yi ƙiba, tana cin jarrabawa, magana kuwa sai ta kama dole take yi min, ita ma a taƙaice. Yaya Rabi'u ya ce ya yi mata bayani, ta ce shi ma bakinmu ɗaya. Jiya da magariba na ji ta a ɗaki tana waya da wata ƙawarta ta Manchester, tana ba ta labarin irin uwar da Allah ya haɗa ta da ita. Turancin da sauri yake, ban kama rabinsa ba, amma na san zagina take yi. Na zauna a kan matakala ta uku, kwanon abincinta a cinyata yana hucewa, na saurara har ta gama. Muryarta ce tun daga farko har ƙarshe.